Gawayi a Bangon Abla

Talata, 2 ga Safar, bayan La'asar

Yau aka sallamo Abla Amatullah daga asibiti, bayan kwana goma sha tara. Likita ya ce sun yi abin da za su iya, sauran a gida za a ƙarasa, kuma duk wanda ya taɓa jinya ya san me wannan magana take nufi. Ɓarin damanta ya shanye gaba ɗaya. Larabcinta ya tafi, Hausar da ta koya a bakin matan unguwarmu a nan Madina ta tafi, Turancin ma ya bi su. Abin da ya rage 'yan kalmomin Sifaniyanci ne na ƙuruciyarta, su ma sai ta yi ta fama kafin ɗaya ta fito.

Mijinta, Malam Isah, ya tura gadon jikin bango ta ɓangaren hagunta don kada ta faɗo. Allah bai ba su haihuwa ba, danginta kuwa suna can Amurka. Ya roƙe ni in riƙa zama da ita daga Azahar zuwa Magariba, lokacin da yake fita karantar da ɗalibansa. Na ce ai ba sai ya roƙa ba.

Da Hausa nake rubuta wannan, da haruffan boko, saboda a gidanmu babu mai karanta su. Suhaib mijina yana jin Hausa sarai, amma in ya gan ta a takarda sai ya ɗauka Turkanci ne. Abla ce ma ta koya mini haruffan.

Alhamis, 4 ga Safar, ƙarfe uku na rana

Tana barci. Na'urar sanyaya ɗaki tana ta ƙara, waje kuwa ko kyanwa ba ta motsi a titin unguwarsu ta Ƙuba.

Ina zaune ina kallonta, sai na ga babu wanda zai faɗi labarinta in ta tafi. Malam bai san rabinsa ba, ko ya sani ba zai faɗa ba. Bari in rubuta abin da ta gaya mini a tsawon shekaru, kafin ni ma in rikita shi.

Sunanta na yanka Graciela. A Kaliforniya aka haife ta, iyayenta 'yan asalin Meksiko ne masu tsinkar inabi a gonakin wasu. Chicana suke kiran kansu, kuma in ta faɗi kalmar sai ta ɗaga haɓa. Tana da shekara tara take kai wa ma'aikata ruwa a gona. Ita ce ta fara shiga jami'a a gidansu, ta koyi zane, ta ƙi allo da takarda, ta ce ita bango take so, inda talaka zai gani ba sai ya sa takalmi mai kyau ba. Shekara goma sha huɗu tana koyar da yara a makarantar gwamnati. Babban aikinta wani dogon bango ne da suka yi da ɗalibanta sittin: fuskokin mutum arba'in da ɗaya waɗanda maganin feshin gona ya ci lafiyarsu, har da kawunta. Ta ce kullum ido take bari ƙarshe. Sai ta gama komai, ta aika a kira iyalin mamacin su tsaya a bayanta, sannan ta sa idon a gabansu. Daga baya wani ya sayi ginin, ya shafe bangon da farin fenti a yini ɗaya.

Ta musulunta tana dab da arba'in. Malam ya je can jan tarawihi a wani ƙaramin masallaci, aka haɗa su. Ta zo Madina, ta ajiye zanen fuska da kanta, babu wanda ya tilasta ta. A falon nan ta tara mu, 'yan matan unguwa, jikokin alhazan da suka zo suka zauna, tana koya mana zanen dabino da ƙofofin katako na tsofaffin gidaje. Abla muke kiranta kamar yadda ake kiran kowace malama a nan. Ita kuma ni take kira miha, wato 'yata. Yau ni ce malamar zane a makarantar 'yan mata, kuma ban taɓa zana fuskar mutum ba.

Asabar, 6 ga Safar, bayan Azahar

Ba ta ci komai ba sai cokali uku na shorba.

Litinin, 8 ga Safar, dab da Magariba

Na shiga kicin in dama mata madara. Da na dawo na tarar ta miƙa hagunta ta ɗauko guntun gawayi daga kaskon turaren da ke kan taga, ta ja layi a bango. Na yi sauri da tsumma zan goge, na ɗauka hannun ne ke rawa. Ta yi wata irin ƙara da ban taɓa ji daga bakinta ba, na ja da baya.

Layi ɗaya ne, mai lanƙwasa, daga sama ya sauko ya koma. Na kawo mata takarda da fensir, ta ture su ƙasa.

Talata, 9 ga Safar, bayan La'asar

Haɓa ce. Ta ƙara wuya, da gefen mayafi. A ƙarƙashin haɓar ta yi wani ɗan tabo, ta murza shi da yatsa har ya yi duhu.

Na tambaye ta, “Abla, wace ce?”

Ta daɗe bakin yana motsi. Sannan ta ce, “Laura.”

Na zauna a ƙasa. Mutum ɗaya take kira haka a duniya. Ummi, mahaifiyata Lauratu, ita ce maƙwabciyarta ta farko kuma ƙawarta, ita ta koya mata girkin miyar kuka da yadda ake ciniki da masu kayan miya. Tabon kuwa na man sambusa ne da ya fantsamo mata wani azumi. Wannan kaɗai nake tunawa, don a nan kaina yake tsayawa in ta rungume ni.

Ina da shekara tara Ummi ta rasu. Babu hotonta ko ɗaya. A lokacin suna kawai ake rubuta wa mata a katin iyali, Abbana kuma bai yarda da hoto a gidansa ba. Na girma a hannun ƙanwarsa, Gwaggo Sharifa, wadda in na tambaye ta kamannin Ummi sai ta ce, “Mace ce kamar kowa. Ke dai ubanki kika ɗauko sak, khalas, shi ke nan.” Shekara ashirin da bakwai ina rufe ido ina neman fuskar nan, sai in ga mayafi da tabo, tsakaninsu hayaƙi. Na taɓa roƙon Abla sau ɗaya, ina 'yar shekara goma sha biyar. Ta ce ta yi wa Allah alkawari, kada in sake. Ban sake ba.

Laraba, 10 ga Safar, da hantsi

Malam ya gani jiya. Ya kira ni falo, ya tsaya a bakin ƙofa kansa a ƙasa.

“Rumaisa, shekara talatin ta bar abin nan da ƙafarta. Yanzu da hankalinta ya yi rauni, ke za ki taya ta komawa?”

“Malam, Ummi ce.”

“Na ji ta faɗi sunan. Shi ya sa ban ƙara kallo ba. Ban ga fuskar mahaifiyarki tana raye ba, ba zan fara yanzu ba.” Sai ya ƙara da cewa, “Ina tsoron mala'ikun rahama su zo ɗakin nan su tarar da sura a bango. Kin san kwanakinta kaɗan ne.”

Na yi kuka a gabansa, abin da ban taɓa yi ba. Na ce masa ni ban san fuskar uwata ba, kuma duk duniya babu wanda ya rage da zai iya nuna mini sai wannan hannun guda.

Ya daɗe yana murza gemunsa. Daga ƙarshe ya ce muddin babu ido a jiki zai kau da kai, zai rataya mayafi a kai duk lokacin da yake ɗakin. Ranar da ido ya fito, in kalla in ƙoshi, kafin Magariba ya goge. Ya sa na rantse ba zan ɗauka a waya ba, don ita da hankalinta ba za ta yarda ba. Na rantse.

Har na juya ya ce, “Abu ɗaya kuma, amana ce. In kika ga alamar tafiya ba na nan, ki laƙƙana mata kalmar shahada. Bakin ba ya iyawa, amma tana ɗaga manuniyarta. Na gwada ta, tana ɗagawa.”

Na ce, “In sha Allahu, Malam.”

Juma'a, 12 ga Safar, bayan sauka daga masallaci

Baki ya fito. A ɗan buɗe yake, kamar za ta yi magana. Ummi tana da wushirya. Ban sani ba. Wallahi ban sani ba.

Lahadi, 14 ga Safar, ƙarfe huɗu

An koma makaranta yau. Na tsaya gaban 'yan aji biyu ina nuna musu yadda ake fara dabino daga gindi, hankalina yana Ƙuba. Wata ta tambaye ni da Larabci ko lafiya, na ce zafi ne.

Gawayin kasko yana farfashewa a hannunta, don haka na yi mata irin wanda ta koya mana. Suhaib ya zo da ɗanyen dabino daga gonar 'yan'uwansa a Badr, na cire siraran sandunan da 'ya'yan ke jiki, na cusa su a gwangwani, na huda murfin, na ɗora a wuta. Sun fito baƙi wul, masu laushi. Da na sa mata ɗaya a hannu ta shinshina shi, gefen bakin da ke aiki ya ɗan ɗaga.

Ba ta fi minti goma tana yi hannun ya faɗi. Yau kunne ta yi, da ɗan kunne mai kamar ɗigon ruwa. Wannan ɗan kunnen yana cikin akwatina, ƙwaya ɗaya. Ban taɓa nuna mata ba.

Litinin, 15 ga Safar, bayan La'asar

Ƙanwarta Ofelia ta kira daga Amurka. Na riƙe mata wayar a kunne. Matar tana ta magana tana kuka, Abla tana kallon bango. Da ɗan Turancina na gaya mata Abla ta koma zane. Ta yi ihu don murna, ta ce in turo mata hoto. Na ce ba zai yiwu ba. Ta ce me ya sa, na ce layin ba shi da kyau.

Laraba, 17 ga Safar, dab da Magariba

Hanci. Gira biyu, ta hagu ta fi ta dama tsawo, ban sani ba ko haka Ummi take ko hannun ne.

Saura wuri biyu fari fat a ƙarƙashin girar. Ina kallonsu har idona ya yi ruwa.

Alhamis, 18 ga Safar, ƙarfe biyar

Mayafi ta yi yau.

Asabar, 20 ga Safar, ƙarfe biyar

Mayafi kuma. Ninki bayan ninki, tana gyara inuwa, tana gogewa da gefen hannu, tana sakewa. Minti bakwai ta samu yau, duk ta ƙarar da su a kan ƙyalle.

Na ce, “Abla, idon fa?”

Ta juyo ta kalle ni, ta daɗe tana kallona, sannan ta koma kan mayafin.

Raina ya ɓaci, ba zan ɓoye wa takarda ba. Ina ruwana da mayafi? Na san mayafin, da shi aka rufe makarar Ummi. Tun muna yara haka take, sai ka gama dabinonka kana jiran yabo ta ce koma ka sake duba inda ganye ya haɗu da reshe. A lokacin muna da shekaru a gaba. Yanzu numfashinta ya fara yin wani sauti kamar ana jan kujera a ɗakin sama.

Litinin, 22 ga Safar, da hantsi

Ban je makaranta ba. Na ce musu ba ni da lafiya.

Malam ya yi mamakin ganina da safe, ya sa mini albarka, ya ce ko 'yar cikinta iyakar abin da za ta yi ke nan. Na sunkuyar da kai. Da safe hannunta ya fi ƙarfi, shi ya kawo ni.

Talata, 23 ga Safar, bayan La'asar

Akwai maganin da ake ba ta ƙarfe biyu, na rage ciwo. In ta sha sai barci har Magariba. Yau ƙarfe uku da rabi na ba ta.

Jiya ma haka.

Ta yi gumi, tana nishi, ta ɗan ja layi biyu a gefen gira. Ba ido ba ne. Tamoji ne irin na mai yawan dariya. Na ba ta maganin, na share mata goshi, na zauna ina jin kunyar haɗa ido da ita.

Da Malam ya ba ni amanar nan, kullum sai na karanta mata Yasin, in faɗi kalmar shahada, ta ɗaga manuniya, mu yi murmushi. Na duba baya a littafin nan in ga yaushe na daina, ban rubuta ba. Hannun ɗaya ne. In yana riƙe da gawayi ba ya iya ɗaga yatsa, in kuma na karɓe gawayin ba ta yarda ta sake karɓa sai gobe.

Alhamis, 25 ga Safar, ƙarfe ɗaya

Gwaggo Sharifa ta zo dubiya. Na yaye mayafin da Malam ya rataya, da gangan, ina kallon fuskarta. Ta kai hannu baki.

“La haula. Lauratu ce wallahi. Har tabon.” Sai ta juyo kaina. “Esh hada, mene ne wannan, Rumaisa? Mata tana bakin kabari ki bar ta tana wannan? Wa ke ba ta gawayin?”

“Gwaggo, yaya idonta yake?”

“Ido kamar na mutane mana. Ki ji tsoron Allah, ki rufe abin nan.”

“Manya ne ko ƙanana?”

“Na ce ki rufe.”

Na rufe. Ta fita tana salati, ko shayin ba ta sha ba. Shekara ashirin da bakwai, tambaya ɗaya, har yau ba ta ga ya kamata ta amsa ba.

Juma'a, 26 ga Safar, bayan La'asar

Ba ta farka ba yau sam. Malam bai fita ba, yana gefen gado yana karatu. Na zauna a falo kamar baƙuwa, ina jin haushin zamansa a gidansa. Allah ya yafe mini.

Asabar, 27 ga Safar, ƙarfe shida

Abla ta rasu. Ƙarfe huɗu da kwata. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Malam ya fita sallar La'asar ne kawai, ya ce ba zai daɗe ba. Ni kaɗai ce a ɗakin.

Da ya dawo ya rufe mata ido, ya yi addu'a, sannan ya tambaye ni ba tare da ya juyo ba, “Kin laƙƙana mata?”

Na ce, “Na laƙƙana.”

Ya ce, “Alhamdu lillahi.” Ya faɗa sau uku.

Da Gwaggo ta iso ta ce in je in wanke fuskata kafin mutane su taru. Na wanke.

Lahadi, 28 ga Safar, da hantsi

An yi mata salla a Haramin Annabi bayan Asuba, an kai ta maƙabartar Baƙi'a. Mu mata iyakarmu bayan katanga. Na tsaya ina leƙe ta ramukan ƙarfe, na ga maza sun yi nisa da ita har suka zama ɗigo, ga tattabaru suna ta tashi. Babu suna a kan kabari a can, dutse ne kawai kamar na kowa. Matar da ta zana mutum arba'in da ɗaya don kada a manta da su, yau ko Malam ba zai iya nuna inda take ba in an kwana biyu. Ummi ma tana can ciki, wani wuri.

Kowa yana cewa ta dace, daga ƙarshen duniya ta zo ta kwanta kusa da Annabi. Ina amsawa da amin.

Litinin, 29 ga Safar, bayan Azahar

Zaman makoki. Ɗalibanta na da sun cika falon, wasu da jikokinsu. Wata ta zo da zanen ƙofa da ta yi tana 'yar shekara goma, a ninke cikin jaka. An kulle ɗakin Abla.

Matan suna ta tambayata yadda ta cika. Malam ya gaya wa maza ta cika da shahada, maza sun gaya wa matansu, yanzu kowa yana so ya ji daga bakina. Na faɗa sau bakwai yau. A na bakwai har na ƙara cewa fuskarta ta yi haske.

Talata, 30 ga Safar

Ba abin rubutawa.

Alhamis, 2 ga Rabi'ul Awwal, bayan La'asar

Malam ya kira ni. Ya ce zai koma Gusau wurin 'yan'uwansa, zai mayar wa mai gida makullinsa mako mai zuwa. Ya ce ya yi alkawarin ba zai goge ba sai ido ya fito, ido kuma bai fito ba, don haka ba zai taɓa ba. Ya ajiye mini bokiti da tsumma a ƙofar ɗakin, ya ce in ɗauki lokacin da nake so.

“Kin yi mata abin da ni ban samu yi ba,” in ji shi. “Har in mutu ina sa ki a addu'a.”

Na shiga na rufe ƙofa. Gadon babu katifa. Na yaye mayafin. Awa biyu ina zaune a gabanta. Wayata tana cikin jaka, na fito da ita sau biyu na mayar. Akwai sauran gawayi a gwangwani, na ɗauki ɗaya na kai shi daidai farin wurin, hannuna ya tsaya. Me zan sa? Ban sani ba, shi ya sa ai aka yi duk abin da aka yi.

Daga mayafin na fara gogewa. Tabon na bari ƙarshe.

Asabar, 4 ga Rabi'ul Awwal, da hantsi

Zan rubuta sau ɗaya, in rufe littafin.

Ranar Asabar ɗin can, Malam yana fita ta buɗe ido. Tangaran, kamar ba ita ce ta kwana biyu ba ta motsa ba. Numfashin yana tsayawa ya dawo, yana tsayawa ya dawo. Na ga ƙafafunta sun yi sanyi, na ga hancinta ya tsuke. Na ga cikawar Ummi ina ƙarama, na ga ta Abbana, na san alamar sarai. Ba zan ce ban gane ba.

Na yaye mayafin. Na sa mata gawayi a hannu, na naɗe yatsunta a kai da nawa, na ɗaga hannun zuwa bango. Na ce, “Abla, idon. Don Allah, Abla. Ko guda ɗaya.”

Ta saki gawayin ya faɗi bayan gado. Ta zare hannunta daga nawa, ban san inda ta samo ƙarfin ba. Ta kawo shi fuskata. Ta dangwala babban yatsanta a kan fatar idona na dama, sannan na hagu. Ta ce, “Miha.”

Ban tsaya na ji ba. Na ɗauka laluben hanya take yi, ta ɓata inda bangon yake. Na kama hannun na mayar da shi bango da ƙarfi, na ce, “Ba nan ba, can!” Na durƙusa ina laluben gawayin a ƙarƙashin gado. Da na ɗago da shi ta riga ta tafi. Kalma ta ƙarshe da ta ji a duniya tsawata ce.

Da Gwaggo ta tura ni wanke fuska na ga baƙi biyu a madubi, ɗaya a kan kowane ido. Ko a lokacin ban bari kaina ya gane ba, na sa sabulu.

Yau da safe ina shirin fita makaranta, na ɗaura niƙabi a gaban madubi kamar kullum. Haɓar Abbana ta ɓuya, hancinsa da bakinsa suka ɓuya. Abin da ya rage ya kalle ni, girar hagu ta fi ta dama tsawo, ga 'yan layuka biyu sun fara fitowa a gefe. Sai na tuna yadda take yi a ƙasarsu: ta gama komai, ta kira iyalin mamaci, sannan ido. Kwana goma ta yi tana juyowa tana kallona duk lokacin da na tambaye ta. Ta gama aikinta tun ranar da ta yi gira, ni ce ban duba ba.

Shekara ashirin ina yawo da idanun Ummi a titunan Madina, su kaɗai nake nuna wa mutane.

Suhaib yana ta danna hon a waje. Malam zai tashi ranar Laraba, yana sa ni a addu'a. Sau bakwai na faɗi kalmar shahadar nan a gaban mata a zaman makoki, ba ta fi numfashi ɗaya ba. Hannunta yana cikin nawa, babu komai a ciki, da na faɗa, da ta ɗaga manuniyar.